Abin Da Ke Ƙarƙashin Ɗakin Baba

Anguwan Rogo, Jos.
Satumba, 2007.

Zuwa ga Yaya Salisu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa, ina fata wannan takarda za ta same ka cikin ƙoshin lafiya da kwanciyar hankali a can Maleshiya. Yaya karatu, yaya kuma zaman baƙunta? Allah Ya ƙara maka lafiya da basira, Ya sa ka gama abin da ya kai ka lafiya, Ya dawo mana da kai cikin aminci. Mu nan muna lafiya, alhamdulillahi, kuma ina so ka riƙe wannan maganar da kyau kafin ka karanta sauran: kowa yana nan da ransa, babu wanda ya ji ko ƙwarzane. Fatimatuzzahra ta yi wayo, bakinta ba ya hutawa, har ta fara bin yara islamiyya. Abbanta Ashraf yana Yola wurin aiki har yanzu, sai ƙarshen wata yake leƙo mu. Ƙafar Goggo Asta ta yi sauƙi, tana taka ta ba sanda. Bappayo ma ya dawo daga kasuwar shanu ta kudu lafiya, ya yi baƙi ya rame, amma yana nan da barkwancinsa.

Na san za ka ga Anguwan Rogo a saman takardar nan ka yi mamakin abin da ya raba mu da Daɗin Kowa. Shi ne dalilin rubutun. Na so in faɗa maka a waya, amma ka san duk lokacin da ka kira Baba ne yake karɓa, ni sai dai a miƙo mini in ce maka sannu yana zaune yana kallona. Da na ji abokinka Anene zai koma makaranta cikin makon nan, sai na ce bari in zauna in rubuta maka komai dalla-dalla, ko zuciyata ta ɗan sauka.

Zan fara da injin tsotse danshin da ka aiko wa Baba kafin saukar damina. Allah Ya saka maka da alheri, don na ga amfaninsa da idona. Ka san yadda ɗakin Baba na baya yake idan ruwa ya zauna. Bango ya yi sanyi kamar randa, funfuna ta fito baƙa-baƙa a bayan kabad, rigunansa su yi ta warin danshi, shi kuma fukarsa ta tashi, numfashi ya riƙa fita da ƙyar. Da farko ma ƙin injin ya yi, wai shi bai ga dalilin da za a kawo masa abin da zai riƙa tatsar iska kamar saniya ba. Amma da ya ga yana kwana ba tari, sai ya sa masa suna likitan Salisu, duk baƙon da ya zo sai an kai shi ya gani. Ni kuma na bi duk abin da ka ce. Na ajiye shi nesa kaɗan da bango, ina rufe taga da ƙofa idan yana aiki. Duk Asabar ina zare ragar bayansa in kakkaɓe ƙura, in wanke ta da ruwan ɗumi, in bari ta bushe sarai kafin in mayar. Bokitin cikinsa kuwa, da zarar jar fitilar ta kama ya tsaya da kansa, sai in zaro in zubar a gindin shukokin marigayiya Inna, in ɗauraye shi da sabulu don kada ya yi yauƙi. Zahra ta so ta sha ruwan don ta ga ya fi na rijiya haske, na hana ta kamar yadda ka gargaɗe ni. Idan aka ɗauke wuta aka dawo da ita ba na kunna shi nan take, sai ta zauna. Akwai safiyar da sanyin Jos ya tsananta har ƙanƙara ta kama ƙarafan cikinsa, na kashe shi na bari ta narke, ya ci gaba da aikinsa.

A cikin Agusta, da marka ta kankama, sai abu ya sauya. Bokitin da a da yakan kwana ya wuni bai cika ba, sai ya zama na zubar da safe, kafin azahar fitilar ta sake kamawa, kafin magariba ta kuma. Na ɗauka lalacewa ya yi, hankalina ya tashi don ban san inda zan samo wani a garin nan ba. Na ɗauke shi a mota na kai wa Ifeanyi, mai gyaran firji a Taminus. Ya buɗe ya dudduba, ya ce lafiyarsa lau. Ya ce injin ba ya ƙirƙirar ruwa, abin da ya tarar a ɗaki shi yake tarawa, in ya tara da yawa to da yawa ya tarar. Na dawo gida ina cewa ai marka ce, bana ruwa ya yi yawa. Ban tsaya na yi tunanin cewa ruwa ba ya tsami banza ba.

Sai kuma abin da ya fi ba ni tsoro ya fara. Ka san injin yana da 'yan tayoyi a ƙasansa. Wata safiya na shiga zubar da ruwa, sai na tarar da shi ba inda na ajiye shi ba, ya koma can kusurwar da kan gadon Baba yake, wayarsa ta miƙe tsaf kamar za ta fita daga bango. Na yi wa Zahra faɗa har ta yi kuka, tana cewa ba ita ba ce. Na mayar da shi wurinsa. Washegari na sake tarar da shi a kusurwar, alhali yarinyar ma a gidan Goggo ta kwana. Na tambayi Baba, ya ce shi me zai kai shi taɓa abin da bai san kansa ba. Yaya, ba zan ɓoye maka ba, zuciyata ta kai ni wani wuri daban. Na riƙa shiga ɗakin da Ayatul Kursiyyu a bakina, ina jin kunyar in faɗa wa kowa kada a ce da karatuna da komai ina tsoron inji.

Ranar Asabar da rana tsaka na cire wayarsa don in wanke ragar. Na sake shi na juya in ɗauki tsumma, sai na ji ƙarar tayoyi a bayana. Na waiga na ga injin, a kashe, babu mai taɓa shi, yana gangarawa a hankali zuwa kusurwar nan. Na daɗe a tsaye kafin tunani ya zo mini cewa abu mai taya ba ya tafiya sai ƙasa ta karkace. Na durƙusa na ɗaga ledar tsakar ɗakin. Simintin a jiƙe yake sharkaf, ga wata tsaga ta taso daga bakin ƙofa ta nufi ƙarƙashin gado, yatsana yana shiga cikinta. Wani sanyi da warin laka suna fitowa daga ciki kamar ka leƙa rijiya. Nan na tuna ƙofar ɗakin ta kwana biyu tana cijewa, ni kuma ina cewa katako ne ya sha ruwa ya kumbura. Na fi son a ce aljani ne da abin da na gani, don aljani addu'a tana korarsa.

Ko mayafin kirki ban ɗauka ba na faɗa gidan maƙwabtanmu. Mama Suzana ta ji ni har ƙarshe, sannan ta ce su ma rijiyarsu ta koma ja kamar kunun kanwa da ya sha ƙasa, katangarsu ta baya kuma ta fara jingina. Mijinta, Baba Badung, ya dogaro sandarsa ya zo ya tsaya a bayan gidanmu yana kallon ƙasa. Ya ce lokacin da yake yaro yana kiwon awaki, duk wannan gefen ramukan kuza ne, masu zurfi, wasu ma an yi musu hanyoyi ta ƙarƙashin ƙasa. Daga baya aka cike su da ƙasa, ciyawa ta rufe, mutane suka zo suka yi gini. Ya ce ba zai iya rantsewa a kan daidai inda kowane rami yake ba, amma zuciyarsa ba ta kwanta ba. Ɗansu Natana'el, wanda kuka yi firamare tare, yanzu aikin gine-gine yake yi. Ya zo ranar Lahadi bayan sun taso daga coci, ya ƙwanƙwasa simintin da ƙarfe, sai ya yi amo kamar ganga. Na ga fuskarsa ta sauya. Ya ce kada kowa ya sake kwana a ɗakin, kuma da shi ne da gidan gaba ɗaya za a bari har damina ta wuce.

Ka san Baba. Ya saurare shi, ya yi masa godiya, ya sa masa albarka, da ya fita sai ya ce babu inda za shi. Ya ce da guminsa ya gina gidan nan, ya fi shekara ashirin a tsaye, kuma babu ginin da ba ya tsagewa, a kira Haladu magini ya shafe wurin da siminti. Na roƙe shi har da hawaye. Na kira Bappayo ya zo ya yi masa magana, sai Baba ya ce masa abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango ba, kamar ba Bappayo ne mai jikoki ba. Da na matsa sai ya dube ni ya ce, "A ɗakin nan uwarku ta cika, a kan gadon nan. Ni ma a nan nake so a ɗauke ni." Kwanakin nan ban san na yi barcin kirki ba, duk motsin da gidan ya yi sai in tashi in kasa kunne.

Injin naka ne ya fitar da shi daga ɗakin, ba mu ba. Da yake ƙasa ta karkace, ruwan bokitin yana taruwa gefe guda, sai fitilar ta kama tun bai cika ba, injin ya tsaya. Ban yi wa Baba ƙarya ba, na nuna masa da idonsa, na ce likitan Salisu ya ƙi aiki a ɗakin nan, zan mayar da shi falo inda ƙasa take daidai. Ya ce in kai shi duk inda na ga dama. Kwana ɗaya ya yi babu shi, ƙirjinsa ya rufe, da asuba ko sallah a zaune ya yi. Da gari ya waye ya ce in kai masa katifarsa falo, amma in sani saboda injin ne, ba saboda tsorona ba. Na ce to. Da kaɗan-kaɗan na kwashe littattafansa da akwatin Inna da kayan sawarsa. Gadon dai ya hana a taɓa.

Ranar Laraba ta makon jiya, bayan an kwana biyu ana ruwa ba ƙaƙƙautawa, ina kicin bayan azahar ina soya dankali, sai na ji wata ƙara kamar ana jan buhun hatsi a kan siminti. Kofunan da ke kan kanta suka fara kaɗawa. Na leƙa falo, babu Baba a kan katifa, babu Zahra. Na ruga lungun da ke kaiwa ɗakin baya, sai ga Baba a bakin ƙofa yana tura ta da kafaɗa. Wai rediyonsa ya tuna ya bari a kan taga. Ƙofar ta cije ta ƙi buɗuwa. Yaya, tunda aka haife ni ban taɓa sa hannu a jikin Baba da ƙarfi ba, amma ran nan na damƙi rigarsa ta baya da hannu biyu na fizgo shi har muka bugi bango. A daidai lokacin katakon ƙofar ya murɗe, ta ɓalle ta faɗa ciki da kanta. Muna tsaye muna kallo ƙasan ɗakin ya yi ƙasa. Gadon ya karkata, ya zame a hankali, ya shige. Bangon baya ya bi shi, sai ga sararin sama da ruwa yana zuba inda rufi yake a da, ga jan ruwa yana tasowa daga ramin yana juyawa.

Ban san inda Zahra take ba. Ta saba shiga ɗakin nan ta ɓuya a bayan kabad, kuma ban san ko ta shiga kafin ƙofar ta cije ba. Na riƙa kiran sunanta ina kallon ruwan nan, ina neman ko ɗan kwalinta zai taso. Ba zan iya ce maka ga tsawon lokacin da na yi a haka ba. Sai na ji muryar Mama Suzana ta kan katanga tana cewa yarinya tana wurinta, suna cin gasasshiyar masara da jikarta Klaudiya. Ashe har lokacin hannuna ɗaya yana riƙe da rigar Baba. Ya daɗe yana kallon inda gadon yake. Sannan ya ce a hankali, "Ummu, sake ni. Na gani."

Maƙwabta suka cika gidan cikin ruwan nan. Natana'el ya tsaya a bakin lungu ya hana kowa wucewa, sauran suka yi ta fitar da kaya ta ƙofar gaba suna kaiwa gidan Baba Badung. Mama Suzana ta lulluɓe Baba da bargonta, ta haɗa masa shayi, ta zaunar da shi kusa da murhu. Gaskiya ne, maƙwabcinka shi ne ɗan'uwanka na kusa ranar da abu ya faru. Kafin magariba Bappayo ya zo da mota ya kwashe mu zuwa nan gidan Goggo Asta, ta ba Baba ɗakinta, ni da ita da Zahra muka koma na tsakar gida. Injin yana wurin Baba, na yi masa waigi da ɗan katako duk da ƙasar nan daidai take. Yana aiki yadda ya kamata, ƙirjin Baba kuma lafiya lau.

Da a nan maganar ta tsaya da ban dame ka ba. Amma Baba ba ya cin abinci sosai, ba ya hira, ko labarai ya daina tambaya. Natana'el ya aiko cewa tsagar ta shiga bangon falo, kuma ramin yana ƙara faɗi duk lokacin da aka yi ruwa. Duk da haka Baba ya aika a kira masa Haladu, wai a kawo duwatsu a cike wurin, da ruwa ya ɗauke mu koma mu zauna a ɗakunan gaba. Shi Haladun ya ce masa ba zai iya ba, sai Baba ya ce zai nemi wani. Abin da ya fi tayar mini da hankali, har ya fara sulalewa ya hau acaɓa ya tafi can shi kaɗai. Mama Suzana ce ta kira ni shekaranjiya ta ce ta hango shi ta taga, yana zaune a falon da babu komai a ciki, a kan ƙasa, yana jan carbi. Kafin in isa can na mutu na tashi ban san sau nawa ba. Yanzu in na fito tsakar gida, takalmansa nake fara dubawa a bakin ƙofa. Ba na iya zuwa ko kasuwa da kwanciyar rai. Na san ba gini yake kewa ba, Inna yake kewa, amma ƙasar nan ba ta san wannan ba.

Yaya, kai kaɗai ne Baba yake jin maganarka. Mu yana ganin tsoro ne irin na mata, Bappayo kuma ƙane ne. Don Allah ka kira shi da zarar takardar nan ta iso hannunka, ka ce masa kai ba ka yarda ya sake taka gidan ba. Ka yi masa maganar inda zai zauna nan gaba, ko wurinmu ni da Ashraf, ko wani ɗan gida kusa da Goggo, don ya ga akwai abin da yake jira. Da Baba ya ji zan ba Anene saƙo, ya kira ni ya ce in rubuta maka cewa injin yana aiki kuma yana godiya, kada in ƙara komai a kai in ɗaga maka hankali kana karatu. To, na isar da saƙonsa, injin yana aiki kuma yana godiya. Sauran ban iya riƙewa ba. In ya tambaye ka wanda ya faɗa maka, kada ka rufa mini asiri, ka ce ni ce. Na yarda ya yi fushi da ni shekara guda, in dai yana zaune a inda zan kai masa abinci ya ƙi kula ni.

Goggo Asta tana gaishe ka ƙwarai, ta ce ka riƙa cin abinci. Bappayo da iyalinsa suna gaisuwa. Ashraf ya ce in miƙa maka gaisuwarsa, Zahra kuma ta ce a gaya wa Kawu ta iya Fatiha. Baba Badung da Mama Suzana da Natana'el duk suna gaishe ka, kuma in ka sami hali ka kira su ka yi musu godiya, sun cancanta. Ka sa mu cikin addu'a, musamman Baba. Allah Ya jiƙan Inna, Ya tsare mana kai, Ya sada mu da alheri.

Taka ƙanwa mai jiran kiranka,
Ummukulthum.